Shaida na Uku

Sun kira ni shaida na uku,
ni Labbo, tsohon mai jan sarƙar awo.
Gwiwa ta ƙi, ido ya rage,
amma ƙafa ba ta manta inda ta taka ba.

Shekara talatin da huɗu ke nan
da muka auna bayan Gesse, ni da Malam Aƙilu safiyo.
Ya shimfiɗa taswira a kan goshin mota,
ya lashi bakin fensir kore,
ya cike wani gurbi tsakanin layi da layi,
ya ce, "Labbo, nan ba na wani ba ne,
shi ya sa ya zama na kowa.
Lambu za a yi, da benci, da famfo."
Ni na haƙa ramin, ni na binne dutsen siminti
a kusurwar gabas, taku tara daga tsamiya.

Benci bai zo ba, famfo bai zo ba.
Sai unguwa ta riƙe sunan
kamar yadda ake rufe wa matafiyi tuwo.
Yara su ce sun tafi ƙwallo Lambu,
Gwamma na suyar ƙosai a Lambu,
ranar da muka sallaci Maidamma direba
Lambu ne ya ɗauki sahu goma sha ɗaya.

Rannan sai tifa ta juye yashi.
Alhaji Tunau ya ce shaguna ashirin,
ya fito da takarda mai hatimi.
Hukuma ta fito da tata, ita ma mai hatimi.
Ofis ɗaya ya haife su,
ga su a kotu ba sa ga maciji.

Lauyansa ya gyara baƙar riga, ya dube ni:
"Baba, ka taɓa ganin fure a wurin nan?"
Na ce ban taɓa ba.
"Ko ciyawar da aka dasa da gangan?"
Na ce ban taɓa ba.
Ya zauna yana murmushi.
Ban samu na ce masa
ko rijiyar da ba a gina ba, an san inda ruwanta yake.

Abin da ban faɗa wa alƙali ba
shi ne wanda ya ɗora bulon nan har linta
Nomau ne, ɗana na biyu.
Ranar da aka shafa jan fenti, aka rubuta a dakata,
tukunyar gidanmu ce ta fara bin umarni.
Yanzu muna cin tuwo a kwano ɗaya,
shi yana kallon miya, ni ina kallon ƙofa.

Kotu ta zo duba wuri ranar Laraba.
Na ƙirga taku tara daga kututturen tsamiya,
na nuna ƙarƙashin shago na huɗu.
Aka ce wa zai fasa?
Nomau ne ya ɗauki diga.
Da dutsen ya fito, lambarsa na nan daram,
ya share shi da hularsa
bai ɗago kai ba.

An ɗage zuwa bayan salla.
An canja alƙali. Fayil ya yi ɓatan dabo, ya dawo da raguwar shafi.
Damina biyu ta sauka cikin ɗakunan da ba rufi.
Gwamma ta watsa irin rama a shago na ɗaya,
wani ya sa kuɓewa a na bakwai,
kabewa ta haura linta ba ta nemi izini ba.

Jiya na bi ta wurin da sandata.
Korensa ya fi na fensirin Malam Aƙilu.
Sha bakwai ga wata za mu koma.
Nomau ya ce zai kai ni a babur.